Tarihin Dogon Tsallen Maza a Gasar Duniya

Dogon tsalle yana cikin mafi daɗewar wasannin guje-guje da tsalle-tsalle, kuma tsarinsa ba shi da wuyar ganewa. Ɗan wasa yakan taho a guje a kan wata siririyar hanya da tsawonta bai gaza mita 40 ba, ya taka wani farin katako da aka binne daidai da ƙasa, ya tashi da ƙafa ɗaya, ya dira cikin ramin rairayi. Faɗin katakon santimita 20 ne. Wanda bakin takalminsa ya ƙetare shi ko da ƙiris, alƙali zai ɗaga masa jar tuta, tsallen ya tashi a banza komai nisansa. Wanda kuma ya ji tsoro ya tashi tun bai iso ba, shi ya cuci kansa, domin daga bakin katako ake fara awo, ba daga inda ƙafarsa ta bar ƙasa ba. A cikin ramin, awo yana tsayawa ne a sawu mafi kusa da jikinsa ya bari, ko na diddige ne ko na hannun da ya dafa baya. Akwai kuma na'urar auna iska a gefen hanya. Idan iskar da ke tura ɗan wasa ta wuce mita 2 a daƙiƙa, tsallen zai iya cin gasa, amma ba a shigar da shi littafin bajinta. A zagayen ƙarshe na babbar gasa, mutum 12 ne ke yin tsalle uku-uku, sannan a ƙara wa takwas na gaba wasu ukun. Katako da awo da iska, su ne suka yanke hukunci a mafi yawan manyan ranakun wannan wasa.

Girkawan dā sun sa shi cikin wasanninsu na Olamfik tun shekara ta 708 kafin haihuwar Annabi Isa, a matsayin ɗaya daga cikin wasanni biyar da mutum ɗaya ke haɗawa. Suna riƙe duwatsu ko ƙarafa da aka sassaƙa a hannu biyu, suna lilo da su lokacin tashi, mai sarewa yana busa musu. Da aka farfaɗo da Olamfik a Atina a 1896, Ba'amurke Ellery Clark ya ci da mita 6.35, nisan da ɗalibin sakandare mai ƙwazo ke iya kaiwa a yau. A wasannin farko har da tsalle daga tsaye ba gudu, aka daina shi bayan 1912. A wannan shekarar ce aka kafa hukumar wasannin guje-guje da tsalle-tsalle ta duniya a Stockholm, kuma bajinta ta farko da ta amince da ita ita ce mita 7.61 da Peter O'Connor ɗan ƙasar Ailan ya yi a Dublin tun 1901.

Baƙar fata sun shigo wasan da wuri. DeHart Hubbard ya ci zinariya a Faris a 1924, ya zama baƙar fatar Amurka na farko da ya ci Olamfik a wasan mutum ɗaya. A 1928 Silvio Cator na Haiti ya samu azurfa a Amsterdam, ƴan makonni bayan haka ya kafa bajintar duniya a Faris da mita 7.93, babban filin wasa na Port-au-Prince yana ɗauke da sunansa. Chuhei Nambu na Japan ya kai 7.98 a 1931. Santimita biyu suka rage a cika mita takwas, sai da aka yi kusan shekara huɗu kafin a same su.

Jesse Owens ne ya same su. Ranar 25 ga Mayu 1935, a garin Ann Arbor na jihar Michigan, cikin kamar minti 45 ya kafa bajintar duniya uku ya daidaita ta huɗu. A ramin rairayi sau ɗaya tak ya yi tsalle, aka auna mita 8.13. Shekarar da ta biyo, a Olamfik na Berlin, gaban gwamnatin Hitler da ke wa'azin fifikon farar fata, ya ci zinariya huɗu, ciki har da ta dogon tsalle da mita 8.06. Bajamushe Luz Long, wanda ya zo na biyu da 7.87, ya taho ya rungume shi a idon jama'a, abin da ba ƙaramin ƙarfin hali ba ne a Jamus ta lokacin. Long ya rasu a yaƙin duniya na biyu a Sisili a 1943. Bajintar Owens ta zauna shekara 25, sai a Agustan 1960 Ralph Boston ya kawar da ita da mita 8.21. Daga nan Boston da Igor Ter-Ovanesyan na Tarayyar Sobiyet suka riƙa karɓe ta daga hannun juna da santimita uku ko huɗu, har suka tsaya tare a 8.35.

Haka al'amarin yake tafiya a hankali lokacin da aka je Olamfik na birnin Meziko a 1968. Birnin yana bisa tudu mai tsayin kusan mita 2,240, iskarsa ba ta da kauri, saboda haka ba ta danne mai gudu kamar ta bakin teku. Bob Beamon, saurayi ɗan shekara 22 daga New York, da ƙyar ya tsallake zagayen share fage, don ya ɓata tsallensa biyu na farko. Boston ne ya ba shi shawarar ya ja da baya kaɗan. Ranar 18 ga Oktoba, a tsallensa na farko a zagayen ƙarshe, ya tashi ya dira kusa da ƙarshen ramin. Na'urar awo ta zamani da aka girka a kan dogon ƙarfe ta zo iyakarta ba ta kai sawunsa ba, dole aka nemo tef ɗin ƙarfe aka auna da hannu. Da allo ya nuna 8.90, Beamon bai gane ba, domin da ƙafa da inci ya saba awo. Sai da Boston ya fassara masa, ƙafafunsa suka saki, ya zube ƙasa. Ya ƙara santimita 55 a tashi ɗaya, alhali daga Owens zuwa ranar, shekara 33, santimita 22 kawai aka ƙara. Na'ura ta nuna iska mita 2.0 cif, iyakar abin da doka ta yarda. Jim kaɗan ruwan sama ya sauko, na biyu, Klaus Beer na Jamus ta Gabas, ya tsaya a 8.19. Masu rage darajar wannan tsalle sukan kafa hujja da tudu da iska, kuma lalle sun taimaka. Amma duk waɗanda suka shiga ramin a ranar a kan tudu ɗaya suke, ba wanda ya zo kusa. Beamon kansa bai sake kusantar wannan nisa ba, kuma har yau shi ne bajintar Olamfik.

Gasar duniya ta guje-guje da tsalle-tsalle, wadda ke zaman kanta dabam da Olamfik, sai a 1983 aka fara ta a Helsinki na ƙasar Finlan. Da farko duk shekara huɗu ake yi, daga 1991 aka mayar da ita duk shekara biyu. A Helsinki Amurkawa suka kwashe lambobin dogon tsalle uku, Carl Lewis a gaba da mita 8.55. Lewis mai gudun mita 100 ne na gaske, kuma wannan gudu shi ne jarinsa, domin nisan tsalle ya fi rataya ga saurin da mutum ya iso katako da shi fiye da tsayin da ya tashi. Gwanin dogon tsalle yana isowa da gudun da ya haura mita 10 a daƙiƙa, sannan cikin ƙiftawar ido ya juya wani ɓangare na wannan gudu zuwa sama ba tare da ya kashe shi ba. Abin da ake gani yana yi a iska, kamar yana tuƙa keke, ba ya ƙara masa nisa; yana hana jikinsa kifewa gaba ne, don ƙafafu su riga kai isa ƙasa.

A Roma a 1987 Lewis ya sake ci da 8.67, Robert Emmiyan na Tarayyar Sobiyet ya bi shi. Amma abin da ake tuna gasar da shi shi ne lambar tagulla. A tsallen ƙarshe, aka ba ɗan gida Giovanni Evangelisti mita 8.38, wanda ya ɗaga shi sama da Ba'amurke Larry Myricks mai 8.33. Masu ido a filin sun ga cewa tsallen bai kai haka ba. Binciken hotunan talabijin ya nuna an ƙara masa kusan rabin mita, kuma wasu alƙalan wasan sun shirya awon tun bai tashi ba. Italiyawa ne da kansu suka tono maganar, musamman wani mai horarwa, Sandro Donati, wanda gaskiyar ta jawo masa baƙin jini a hukumarsu. A 1988 aka karɓe lambar aka ba Myricks. Ba a samu hannun Evangelisti a ciki ba, shi ma an ɓata masa suna ne a banza. Wannan abin kunya ya nuna cewa a wasan da santimita ke raba mutane, amanar mai riƙe da ma'auni ta fi kowace na'ura.

Sai daren 30 ga Agusta 1991 a Tokyo, wanda mafi yawan masana ke ɗauka a matsayin gasar dogon tsalle mafi girma da aka taɓa yi. Lewis ya shigo bai sha kaye ba tun 1981, gasa 65 a jere, kuma kwana biyar kafin nan ya kafa bajintar duniya a mita 100 da daƙiƙa 9.86. Abokin karawarsa Mike Powell, wanda ya zo bayansa a Olamfik na Seoul a 1988, bai taɓa kayar da shi ba. Daren na da zafi da gumi, iska tana juyawa saboda guguwar da ke tahowa daga teku. Lewis ya buɗe da 8.68, Powell da 7.85 don zumuɗi ya yi masa yawa. Powell ya gyara da 8.54. A zagaye na uku Lewis ya yi 8.83. A na huɗu Powell ya yi wani dogon tsalle, amma ya ƙetare bakin katako, ya durƙusa yana roƙon alƙalai, ba su saurare shi ba. Nan take Lewis ya yi 8.91, santimita ɗaya gaba da Beamon, sai dai iska ta kai mita 2.9, don haka tsallen ya ba shi jagorancin gasa amma bai shiga littafi ba. A zagaye na biyar iska ta lafa zuwa 0.3. Powell ya taho, ya taka katako daidai, ya dira. Allo ya nuna 8.95. Wanda ke son ya kwatanta, faɗin ragar ƙwallon ƙafa daga ƙarfe zuwa ƙarfe mita 7.32 ne, Powell ya tsallake shi ya ƙara fiye da mita ɗaya da rabi.

Lewis yana da tsalle biyu a hannu, kuma a nan girmansa ya bayyana. Ya yi 8.87, mafi nisan halattaccen tsallensa a rayuwa, sannan 8.84. Tsalle huɗu sama da 8.80 a dare ɗaya, ba wanda ya taɓa yin haka kafinsa ko bayansa, amma azurfa ya tafi da ita gida. Myricks ya samu tagulla da 8.42. Lewis ya rama a Barcelona a 1992 da 8.67, Powell 8.64, ya kuma cika zinariyar Olamfik huɗu a jere a Atlanta a 1996. Powell ya sake cin gasar duniya a Stuttgart a 1993, amma bai taɓa cin zinariyar Olamfik ba.

Sau biyu aka wuce 8.95 bayan haka, duka a Sestriere, wani gari a kan tsaunukan Italiya, duka kuma iska ta hana. Powell ya yi 8.99 a 1992 da iska mita 4.4. A Yulin 1995 Iván Pedroso na Kyuba ya yi 8.96, na'ura ta nuna iska halattacciya, amma hotuna suka nuna wani mutum tsaye a gaban na'urar yana tare mata iska, aka ƙi amincewa. Pedroso ya ci gasar duniya sau huɗu a jere daga 1995 zuwa 2001, da Olamfik na Sidni a 2000. Dwight Phillips na Amurka shi ma ya ci sau huɗu, 2003, 2005, 2009 da 2011. A ta 2009, wadda aka yi a filin Berlin ɗin nan na 1936, jikar Owens da iyalin Long ne suka miƙa lambobin.

Afirka ta Yamma ta daɗe tana ƙwanƙwasa wannan ƙofa. Karim Olowu na Najeriya ya samu azurfa a wasannin ƙasashe renon Ingila a Vancouver a 1954. Michael Ahey na Gana ya ci zinariyar wannan gasa a Perth a 1962, Wariboko West na Najeriya ya zo na huɗu a Olamfik na Tokyo a 1964, Joshua Owusu na Gana ma na huɗu a Munich a 1972. Wanda ya fi barin suna a Najeriya shi ne Yusuf Alli. A gasar Afirka da aka yi a Legas a Agustan 1989 ya yi mita 8.27, wadda ta zama bajintar ƙasar ta zauna shekaru masu yawa, sannan ya ci zinariyar wasannin ƙasashe renon Ingila a Auckland a 1990 da 8.39 da taimakon iska. Cheikh Touré na Senegal ya kai bajintar Afirka zuwa 8.46 a 1997. A ɓangaren mata kuwa yankin ya riga maza isa: Chioma Ajunwa ta ci zinariyar Olamfik a Atlanta a 1996 da mita 7.12, Ese Brume ta samu tagulla a Olamfik na Tokyo na baya-bayan nan, ta kuma riƙe bajintar Afirka da 7.17.

Ignisious Gaisah na Gana, haifaffen Kumasi, shi ne ya kai yankin kan mumbarin gasar duniya a ɓangaren maza. Ya ci wasannin Afirka a Abuja a 2003, ya samu azurfa a Helsinki a 2005 da mita 8.34 a bayan Phillips, ya zama zakaran duniya na gasar cikin zaure a Mosko a 2006. Da ya sake samun azurfa a Mosko a 2013, tutar Holand aka ɗaga, don can yake zaune, can ake horar da shi, kuma ya karɓi takardun ƙasar. Ba laifinsa ba ne. Ɗan wasa yakan bi inda akwai fili da mai horarwa da likita. Hasarar ta ƙasashen da ke haihuwar gwanaye su kasa riƙe su ce. Zinariyar farko ta Afirka daga kudu ta zo. Khotso Mokoena na Afirka ta Kudu ya share hanya da azurfa a Beijing a 2008 da Berlin a 2009. Luvo Manyonga, wanda ya tashi a unguwar talakawa ta Mbekweni, shaye-shaye ya kusa hallaka shi har aka dakatar da shi a 2012, ya dawo ya rasa zinariyar Rio a 2016 da santimita ɗaya, 8.37 a bayan 8.38 na Jeff Henderson. A 2017 ya kafa bajintar Afirka da 8.65, ya ci gasar duniya a Landan da 8.48, ɗan ƙasarsu Ruswahl Samaai ya zo na uku.

A Nijar, wasan ya shigo ta makarantar boko, a darasin motsa jiki, kuma a can ya fi zama. A gari irin Dakoro, a arewacin jihar Maraɗi inda ƙasar noma ke haɗuwa da ta kiwo, rairayi ba abin nema ba ne: malami ya ja layi a ƙasa, a tone rami da shebur, ɗalibai su jeru, a miƙa tef. Amma zuciyar jama'a tana ga kokawa, wadda ake gasar takobinta ta ƙasa tun 1975, kuma saurayi mai ƙarfin cinya da sauri can zai nufa, inda akwai makaɗa da kirari da kyauta. Lambobin Olamfik biyu da ƙasar ke da su duk daga wasannin faɗa suka fito, tagullar Issaka Daboré a damben zamani a 1972 da azurfar Abdoul Razak Issoufou Alfaga a taikwando a 2016. Babbar ranar guje-guje da tsalle-tsalle a ƙasar ita ce wasannin ƙasashe masu amfani da Faransanci karo na biyar, da aka yi a Yamai daga 7 zuwa 17 ga Disamba 2005, inda ƴan wasa daga nahiyoyi da dama suka kara a filin Janar Seyni Kountché. Nijar ba ta taɓa samun lamba a gasar duniya ba, kuma dalilin ba rashin baiwa ba ne. Tsakanin ramin makaranta da littafin hukumar duniya akwai hanyar roba, da na'urar iska, da alƙali mai takarda, da malamin da zai ga yaro yana ɗan shekara 14 ya koya masa ƙidayar takunsa har ƙafarsa ta riƙa faɗa wa katako ba ya dubawa. Maƙwabciya Burkina Faso ta nuna cewa ƙasar Sahel na iya kaiwa: Hugues Fabrice Zango, a tsalle mai taku uku, ya ba ta lambar Olamfik ta farko a Tokyo, ya zama zakaran duniya a Budapest a 2023, ko da yake shi ma a Faransa ya goge.

A shekarun baya-bayan nan zinariyar ta bar hannun ƙasa ɗaya. Irving Saladino na Panama ya ci a Osaka a 2007 da tsallensa na ƙarshe, Tajay Gayle na Jamaika a Doha a 2019 da 8.69, Wang Jianan na Sin a Eugene a 2022. Miltiadis Tentoglou na Girka ya ci Olamfik na Tokyo bayan ya yi kunnen doki da Juan Miguel Echevarría na Kyuba a 8.41, aka raba su da tsalle na biyu mafi nisa. A Budapest a 2023 ya wuce Wayne Pinnock na Jamaika da santimita biyu a zagayen ƙarshe, 8.52 da 8.50. A gasar 2025 a Tokyo, matashi Mattia Furlani na Italiya ya ci da 8.39, fiye da rabin mita ƙasa da abin da Powell ya yi a wannan birni shekara 34 baya.

Muhawarar da ta fi zafi bayan gasar Budapest a kan katakon aka yi ta. Bayan an lura cewa kusan kashi ɗaya cikin uku na tsallen da aka yi a Budapest jar tuta aka ɗaga musu, hukumar duniya ta kawo shawarar a maye gurbinsa da wani fili mai faɗin santimita 40, a riƙa aunawa da kyamara daga daidai inda ƙafa ta tashi. An gwada hakan a Düsseldorf a farkon 2025. Hujjar hukumar ita ce ƴan kallo sun gaji da tsallen da ba a aunawa. Ƴan wasa da dama sun ƙi. Lewis ya soki shawarar, Tentoglou ya ce zai bar wasan in an tabbatar da ita, domin a ganinsu iya taka katako ana cikin cikakken gudu shi ne mafi wuyar aikin, kuma sabon awo zai raba tsallen gobe da duk waɗanda aka rubuta tun 1901. A gasar duniya ta Tokyo a watan Satumba na 2025, da katakon santimita 20 aka yi amfani.